Frida Kahlo da littafin da ya hana ni barci

Wallahi jiya sai wajen ƙarfe biyu na ajiye littafin da Hayden Herrera ta rubuta a 1983 kan rayuwar Frida Kahlo, mai zanen nan 'yar Meziko. Da dai girarta kawai na sani, wadda ta haɗe a tsakiya, ashe baiwar Allahn nan ta sha wuya ba kaɗan ba. Shan inna tun tana ƙarama, sannan a 1925 tana shekara 18 motar bas ɗin da take ciki ta yi hatsari, ƙarfe ya soke ta a ƙugu, kashin baya ya karye, tana kwance aka maƙala mata madubi a saman gado ta riƙa zana fuskarta tunda ita kaɗai take gani.

Na daɗe ina kallon zanenta na 1944, jiki duk ƙusoshi, kashin bayan kamar ginshiƙin da ya tsage, hawaye na zuba amma ido a tsaye.

Yanzu kundinta na sirri nake nema, wanda aka buga a 1995 da rubutun hannunta, har da shafukan lokacin da aka yanke mata ƙafa a 1953.