Abin da cinikin injin sassaƙar ƙarfe ya koya mini

Ta ƙofar lissafi na shiga wannan harka. Maigidana yana shigo da injinan sassaƙar ƙarfe, irin waɗanda ma'aikaci ke sarrafawa da hannunsa ba masu kwamfuta ba, yana sayar wa masu gareji da ƙananan masana'antu a Kano da Kaduna. Nawa aikin shi ne riƙe takardu da bin sawun kaya tun daga jirgin ruwa har su sauka a shago.

Abu na farko da ya zauna mini shi ne, kuɗin da ke rubuce a takardar mai sayarwa somin-taɓi ne. Ɗan kasuwar Sin zai turo maka farashin CA6140, injin da ke iya juya ƙarfe mai faɗin milimita 400 a kan gadonsa, wato doguwar shimfiɗar ƙarfen da sassan injin ke zamewa a kai, ka ga kamar an yi maka sauƙi. To, sau da yawa wannan farashi iyakarsa a ɗora kaya a jirgi a tashar ƙasarsu. Injin ya kai nauyin tan 2 ko kusa da haka. Kuɗin jirgi naka ne, inshora taka ce, kuma kwastam a kan jimlar ukun suke lissafa haraji. Ga harajin VAT na kashi 7.5 cikin ɗari, ga Form M, takardar rajistar shigo da kaya, da SONCAP, takardar shaidar ingancin kaya, ga kuɗin ajiya da ke hauhawa kullum idan kwantena ta kwana a tashar jirgin ruwa ta Apapa ko Tin Can a Legas saboda wata takarda ta makara. Bayan duk wannan sai tirela ta ci kusan kilomita 1,000 zuwa Kano, sannan a nemo abin ɗagawa a sauke.

Dala kuwa ita ce ta fi wahalar da mu. A watan Yunin 2023 Babban Bankin Nijeriya ya saki naira, dalar gwamnati ta tashi daga wajen 460 ta haura 700 cikin 'yan kwanaki, kafin ƙarshen Fabrairun 2024 ta wuce 1,500. Canjin da kwastam ke lissafi da shi ya bi sahu. Duk wanda ya karɓi kafin alƙalami a naira kan injin da ke bisa teku a lokacin ya ɗanɗana kuɗarsa. Masu saye kan ce da maigidana, "Haba Alhaji, wannan ai tun bara yake a shagonka, me ya haɗa shi da dalar yau?" Shi kuma ya ce idan ya sayar a tsohon farashi, da me zai sayo wanda zai maye gurbinsa? Ina jin zafin mai saye, domin shi ma kuɗin aikinsa bai ninka ba. Amma na ga shagunan da suka sayar a tsohon farashi, kayansu suka ƙare, suka kasa sake ciko.

Inda na fi ƙaruwa shi ne wajen injinan tokumbo. Mutanenmu na son tsofaffin injina samfurin Colchester da Harrison na Ingila, da TOS na tsohuwar Cekoslobakiya, kuma suna da gaskiya, ƙarfensu nagari ne. Sai dai fenti na ruɗar mutum. Akwai wani dattijo da masu saye ke ɗaukowa ya duba musu inji, mutumin da ya tsufa a gaban irin waɗannan injina. Ba ya ko kallon fenti. Gadon injin yake nufa, daidai kusa da bakin da ke kama ƙarfe, domin a nan ake yin mafi yawan aiki, nan ne ke fara cinyewa. Sai ya goge mai da tsumma, ya bi gefen gadon da farce yana neman gaɓa. Daga nan ya ɗan ɗaure abin da ke ɗauke da wuƙar yanka, ya murza shi zuwa wutsiya. Idan ya tafi sakwa-sakwa kusa da kai amma ya cije can baya, sai kawai ya girgiza kai. Idan akwai wuta, yakan sa sandar ƙarfe ya yi mata aski mara zurfi, ya auna kai da ƙarshe. Bambancin da ya fito shi ne ainihin farashin injin. Na taɓa tambayarsa, "Baba, ba a gyarawa ne?" Ya ce ana gyarawa, amma a nemi mai injin da zai wasa gado mai tsawon mita ɗaya da rabi, a biya shi, a ga ko ragowar ribar za ta sayi shayi.

Shi ne kuma ya nuna mini maganar tiredi, wato zanen murɗi da ake yankawa a jikin ƙusa da noti. Da yawa daga tsofaffin injinan Ingila da na Amurka a kan inci aka ƙera su, alhali yawancin ƙusoshi da notunan motoci da injinan ban-ruwa da ke hannun mutane yanzu na milimita ne. Inci ɗaya milimita 25.4 ne, shi ya sa ake buƙatar giya mai haƙori 127 kafin injin inci ya yanka tiredin milimita daidai. Wannan giya da 'yan uwanta sukan zo a akwati daban, kuma akwatin ne ke ɓata tun a wurin gwanjo. Inji ya iso lafiya lau, rabin aikin da aka saye shi dominsa ba zai yiwu ba. Na Amurka kuma motar lantarkin da ke juya shi ta wuta mai bugu 60 a sakan ce, wutarmu kuwa 50, don haka gudunsa zai ragu da kashi ɗaya cikin shida, ko ma a sake mota gaba ɗaya idan ƙarfin wutar bai dace ba. Saboda haka ba ma tura ko sisi sai an jera mana kayan haɗi ɗaya bayan ɗaya a takarda, an kuma ɗauko hoton allon motar.

Na Indiya, daga Rajkot da Ludhiana da Batala, masu bel ne, ba su da tsada, kuma bakanike na unguwa zai iya gyara su. Ga mai yin bushin ɗin injin niƙa sun wadatar.

Abin da ke ci mini rai shi ne, tun 1980 aka kafa kamfanin ƙera irin waɗannan injina a Osogbo tare da haɗin gwiwar kamfanin HMT na Indiya, amma har yau maƙerin Panteka da na Ƙofar Ruwa dala yake nema kafin ya mallaki abin aikinsa.

Fitar da kaya kuwa, a wurinmu bai wuce 'yan uwanmu na Maraɗi da Damagaram ba. Suna zuwa da sefa, kuma faɗuwar naira ta sa Kano ta yi musu araha. Amma an rufe iyaka daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020, aka sake rufewa bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023. Shinkafa kan bi ta daji a bayan babur, inji mai tan 2 kuwa sai dai ya jira a buɗe hanya. Akwai wanda ya biya kuɗinsa cif, injinsa ya yi watanni a kusurwar shagonmu, muna shafa wa gadon mai duk mako don kada tsatsa ta kama shi.