Ni da Kaka da Buster Keaton

Jiya da daddare na kunna wa Kaka One Week a waya, gajeren fim na 1920 na ɗan wasan barkwancin Amurka Buster Keaton. Ba magana, sai kiɗa. An ba ango da amarya gidan katako a akwatuna su haɗa da kansu, wani da amaryar ta ƙi ya sauya lambobin akwatunan. Gida ya fito a karkace, har ƙofar bene waje take buɗewa, Keaton, wato angon, ya taka ya faɗo tim! Kaka ta yi dariya har da hawaye: "Mijina, wannan bawan Allah ai zai karye!" Da jirgin ƙasa ya ratsa gidan, sai ta riƙe baki. Wallahi na daɗe ban ji dariyarta haka ba.