Tarihin Rayuwata a Harkar Fim, Kashi na 17: Labarin Mata Biyu a Ɗaki Ɗaya

Assalamu alaikum masu bibiya. Makon jiya mun tsaya a kan ƙananan finafinan da ake yi ba da kuɗin manyan furodusoshi ba. Yau za mu taɓo wanda ya fi kowanne wuya, wato fim ɗin soyayya tsakanin mace da mace, tunda ƙannenmu masu tasowa suna tambaya a kai, galibi kuma ba su san abin da ke gabansu ba.

A watan Janairun 2014 Shugaba Goodluck Jonathan ya sa hannu a dokar hana auren jinsi: ɗaurin shekara 14 ga masu auren, shekara 10 ga wanda ya nuna irin wannan soyayya a bainar jama'a. A Kano ga dokar shari'a, ga Hisbah, ga Hukumar Tace Finafinai da aka kafa a 2001, wadda sai ta duba fim kafin ya fita. Labari irin wannan ba zai tsallake teburinta ba. Ko a Legas ma, fim ɗin Ìfé na 2020, wanda Pamela Adie ta shirya, Uyaiedu Ikpe-Etim ta ba da umarni, bai shiga sinima ba, a intanet aka sake shi.

Amma wadda ta fi damuna ita ce jaruma. Darakta yana bayan kyamara, yana iya sauya suna. Ita fuskarta ce a fili. A 2016 MOPPAN, ƙungiyar masu sana'ar fim, ta kori Rahama Sadau saboda ta rungumi namiji a bidiyon waƙa, to ina ga wannan? Daƙiƙa goma za a yanko a watsa a WhatsApp, kafin magariba ya isa wayar yayanta da ta dangin wanda zai aure ta. Don haka al'adarmu ta gaya wa ɗan wasa abin da zai faɗa sai an je lokeshan ba ta da wuri a nan. Ta karanta labarin daga farko har ƙarshe, ta san inda za a haska shi, a ba ta kwanaki ta yi shawara. Sa hannu a takarda furodusa yake karewa, ba ita ba. A ganina wanda ba zai iya ɗaukar abin da zai biyo baya ba, kada ya ɗora kyamara a fuskar 'yar mutane.

Sauran aikin kuwa iri ɗaya ne da na kowane labarin mata biyu, ko aminai ne, ko kishiyoyi, ko ya da ƙanwa, waɗanda ana yin su a nan kullum. Shafi ɗaya na rubutu kusan minti ɗaya ne a allo, fim na minti 30 shafi 30 ke nan. Idan ana cin shafi biyar a rana, kwana shida ya isa. A saita kyamara a kan hoto 25 a daƙiƙa, shata (wato tsawon lokacin da kyamara ke barin haske ya shiga a kowane hoto) 1/50 na daƙiƙa, saboda wutar lantarkinmu mai 50Hz ce, wato tana juyawa sau 50 a daƙiƙa, in ba haka ba fitilu su dinga ƙyaftawa a hoton. In ɗaya fara ce ɗaya baƙa, a auna haske da fuskar baƙar, a ƙara mata da farin allo, kada a ƙone fuskar farar da fitila.

Sauti ne ke kashe irin wannan fim, domin rabin maganar ƙasa-ƙasa ake yin ta. Ƙaramin makirfo da ake maƙalawa a riga yana gogar mayafi ko hijabi, sai ka ji shuu duk sanda ta juya wuya. A manne shi da filasta, a manne yadin ma kada ya motsa, sannan a rataye babban makirfo a sama ya zama madogara. Awarwaro a cire, ko a ɗaure su da zare ta ciki. Fanka a kashe, firji a zare, janareta a kai shi bayan katanga da doguwar waya. Gidan da ke bakin titin 'yan adaidaita sahu, komai kyansa, a haƙura da shi. A rubuta lokutan sallah cikin jadawali tun farko, don da an fara kira dole a dakata. Kafin a tashi daga kowane ɗaki kowa ya yi shiru minti ɗaya a naɗi sautin ɗakin, da shi edita zai cike gurbi tsakanin maganganu. Wanda ya manta da wannan zai ji sauti yana tsalle a duk inda aka yanka.

Kada darakta ya yi saurin cewa a yanke. Bayan kalmar ƙarshe a bar kyamara ta ci daƙiƙa biyar zuwa goma, musamman a kan wadda ke sauraro, don a fuskarta mai kallo ke gane abin da ke tsakaninsu. Kowane dare a kwafe aikin a ma'ajiya biyu, mutum ɗaya amintacce ya riƙe, kada a tura wa kowa ɗanyen hoto ta waya.

Mako mai zuwa in Allah ya kai mu za mu shiga ɗakin edita.