Talata, 9 ga Ramadan: kayana sun kwana a shinge

Ban gama sahur ba direba ya kira ni, muryarsa a dishe, ya ce: "Alhaji, tun ƙarfe biyun dare 'yan kwastan suka tsare mu a shinge, sun ce takarda ba ta yi daidai da mota ba." Kwantenar atamfa da shadda ce da na yi odarta daga Sin tun watanni huɗu da suka wuce, kuma rabin dilolin da ke ciki na maƙwabtana ne na Kantin Kwari waɗanda muka haɗa kuɗi da su. Ina idar da sallar asuba na kama hanya.

Da na isa aka nuna mini inda matsalar take. Kan tirelar da ya ɗauko kayan daga tashar Apapa ta Legas ya lalace kusa da Mokwa, mai motar ya aiko da wani kan aka ɗaura, amma takardar fita tana ɗauke da lambar na farko. Iyakar saɓanin ke nan. Fom M ɗin da na buɗe ta banki, wato takardar neman izinin shigo da kaya, yana nan, rasit ɗin kuɗin fito da na harajin VAT na kashi 7.5 cikin ɗari yana nan, lambar kwantenar, haruffa huɗu da alƙaluma bakwai, ta yi daidai a kowace takarda, hatimin ƙofarta kuma ba a taɓa shi ba. Na jera su duka a kan teburin babban jami'in, na ce: "Ranka ya daɗe, ga shaida cewa babu ko kwabo na gwamnati da ya rage a wuyana." Ya duba su a natse, bai musa ba, sai dai ya ce ba shi da ikon sakin mota har sai ofishin da ya ba da takardar ya tabbatar da canjin a rubuce.

Ba na ƙin bincike a hanya, domin na san akwai masu sauya mota da gangan don su karkatar da kaya, kuma su ne suke karya mana farashi a kasuwa. Na kuma yarda cewa ya kamata a sanar da ejan ɗina, wanda ke yi mini fiton kaya a tasha, tun ranar da motar ta lalace. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne yadda ake yi wa wanda ya biya haraji aka samu kuskure a takardarsa hukunci iri ɗaya da wanda bai biya ba sam. Biyan da na yi yana cikin kwamfuta, ana iya ganinsa cikin minti kaɗan, kuma na nemi in sa hannu a takardar lamuni a bar motar ta ƙarasa Kano a ci gaba da binciken a can, aka ce babu wannan hanyar a nan.

Kowane kwana yana da kuɗinsa. Kamfanin jirgin ruwa zai riƙa zaftare kuɗin ajiyar da na bayar muddin ba a mayar da kwantenar a kan lokaci ba, mai mota zai nemi kuɗin kwana, sannan teloli da yawa sukan daina karɓar ɗinkin sallah da zarar azumi ya raba tsakiya. Shaddar da ta iso bayan haka sai ta jira babbar sallah. Na tuna da tashar tsandauri ta Dala da aka buɗe a Zawaciki a 2023, na ƙudurta cewa oda ta gaba zan bincika ko za a iya yi mini fiton a can.

Mun yi buɗa-baki da direba da yaronsa a gindin motar, da dabino da kunun da wata mata ke sayarwa a bakin titi. Ejan ya ce gobe da safe zai kai wasiƙar mai mota da hoton kan da ya lalace. Abokan haɗakata uku sun kira, na gaya wa kowannensu gaskiyar abin da ake ciki, na huɗun kuma zan same shi a masallaci bayan asham.