Wasiƙa daga Ingila: baƙuwar tsattsewa da ke ratsa Kaduna

Assalamu alaikum 'yan'uwa mutanen Kaduna, musamman manoman fadama da makiyaya da masunta. Da fatan damina ta yi albarka.

A nan Ingila Satumba ya kama, tsattsewa sun fara yin sahu a kan wayoyin lantarki, alamar tafiya ta ƙarato. Nan da 'yan makonni ayarinsu zai ratsa Najeriya, tare da na Jamus da Italiya da sauran ƙasashen Turai. Shi ya sa muka ga ya dace mu gabatar muku da ita tun kafin ta iso.

Da farko a bambanta ta da 'yan gida, domin sunan tsattsewa ya haɗa tsuntsaye da yawa. Baƙar nan mai farin gindi da ke cincirindo a ƙarƙashin gada ba ta sauka kan waya, kuma ba danginta ba ce. Akwai kuma wadda ke gina sheƙar laka a zaure da baranda, mai hasken maƙogwaro. Baƙuwar kuwa bayanta baƙi ne mai sheƙin shuɗi, goshi da maƙogwaro ja kamar jar ƙasa, cikinta fari, wutsiya a rabe kamar bakin almakashi. A dubi ƙirji: baƙin zane ya ratsa shi daga kafaɗa zuwa kafaɗa ba yankewa, na 'yar gida kuwa a tsakiya yake katsewa. Wannan alamar ta fi wutsiya aminci, don ƙananan da aka ƙyanƙyashe bana wutsiyarsu gajera ce, jansu ma bai nuna ba. Nauyinta kusan giram 20 ne, kamar goro ɗaya matsakaici.

A nan Ingila take aure da haihuwa. Tana isowa a Afrilu, ta nemi rumfar shanu ko ta dawaki da aka bar ƙofarta a buɗe. Mace da namiji su yi ta ɗebo laka da baki, curi-curi har kusan dubu, suna haɗawa da busasshiyar ciyawa, su manna a jikin katakon rufi, su shimfiɗa gashin tsuntsu a ciki. Ƙwai 4 ko 5, kwanci kamar kwana 15, bayan mako uku 'ya'ya su tashi. Da yawa sukan sake zubi na biyu. Abu biyu ke ɓata musu aiki: idan an yi fari laka ta yi wuya, idan kuma aka jera kwanaki ana ruwa da sanyi ƙwari ba sa tashi, sai 'ya'ya su mutu da yunwa a sheƙa. Dokar ƙasar nan ta 1981 ta hana rushe sheƙar da tsuntsu ke ciki.

A wurinku ba ta gini, wucewa take yi. Na Ingila har Afirka ta Kudu suke kaiwa, tafiyar kusan kilomita 10,000. An tabbatar da haka a Disambar 1912, da aka kama wata a yankin Natal na Afirka ta Kudu da zoben ƙarfe mai lamba da aka sa mata a ƙafa a yankin Staffordshire na Ingila a 1911. Da rana take tafiya, ƙasa-ƙasa, tana cafke ƙudaje da sauro da shinge a iska, ruwa ma a guje take shan sa, ta shafi saman kogi da baki ta wuce. Ku lura da garke da hantsi: shanu na tafe suna tayar da ƙwari daga ciyawa, ita kuma tana kewaya ƙafafunsu. Ba ta taɓa gero ko dawa, ƙwaya ɗaya ba ta ci.

Inda hatsarin yake shi ne makwanci. Gab da magariba sukan taru a kan dogayen ciyayin bakin ruwa ko gonar rake, su yi ta shawagi, sannan su zube ciki lokaci guda. A Boje ta Jihar Kuros Riba akwai makwancin da ya yi suna a duniya saboda yawansu. Wadda ta ƙetaro Sahara kitsenta ya ƙare, tana bukatar kwanaki na ci da hutawa. Wutar daji da ta cinye ciyawar bakin Kogin Kaduna ta hana ta wurin kwana. Feshin da ake yi wa tsuntsun nan jan baki da dare a makwancinsa ba ya tantance wa ke kwance a ciki. Maganin ƙwari da aka zuba fiye da ƙima a lambun rani kuwa yana ƙarar da abincinta daidai Maris da Afrilu, lokacin da take tara ƙarfin sake ƙetare hamada. Roƙonmu, mai sharar gona ya bar zirin ciyawa a gefen ruwa, mai feshi ya bi ma'aunin da ke jikin kwalba, iyaye kuma su tsawata wa yara masu danƙo.

Wanda ya tsinci matacciya da zoben ƙarfe a ƙafa, ya kwafe lamba da adireshin da ke jiki harafi-harafi, ya rubuta rana da sunan ƙauye da abin da ya kashe ta in ya gane. Ya ɗauki hoto da waya, ya aika wa cibiyar nazarin tsuntsaye ta APLORI da ke Jos. Idan da ranta, kada a cire zoben, a karanta lambar a sake ta.

A gaida gida da iyali. Wassalam.

'Yan'uwanku a Ingila