Abin da mai ɗaga ƙwallon Aljeriya ta koya mini a aikin horar da 'yan mata

A ƙwallon raga, taɓawa uku kacal doka ta ba kowane ɓangare kafin ƙwallo ta tsallake raga. Ta farko tarba ce, ta biyu ɗagawa, ta uku duka. 'Yan kallo ta ukun suke yi wa tafi da sowa. Mai horarwa kuwa, idan ya kwana biyu a aikin, idonsa kan koma kan ta biyu, daga nan kuma ya gangara zuwa ta farko. Ni malamin motsa jiki ne a wata makarantar sakandare ta 'yan mata, kuma wadda ta karkato da idona haka ita ce Fatima Zahra Oukazi, mai ɗaga ƙwallo ta tawagar matan Aljeriya. A bidiyon tsofaffin wasanni na san ta, irin waɗanda nake saukewa a waya da dare in data ta yi araha.

An haife ta a 1984, kuma ta tashi cikin zubin 'yan wasan da suka fi kowane zubi tashe a tarihin ƙwallon ragar mata na ƙasarta, su Lydia Oulmou da Faïza Tsabet da Mouni Abderrahim. A hannun wannan zubin Aljeriya ta ci zinare a wasannin Afirka na 2007 da aka yi a babban birninta, ta je Olamfik karo na farko a Beijing a 2008, ta ɗauki kofin Afirka a 2009 a garin Blida, ta buga gasar duniya a Japan a 2010, ta sake cin zinare a Maputo a 2011, sannan ta koma Olamfik a Landan a 2012. Wanda ya san yadda Kenya ta daɗe tana riƙe da wuyan wannan wasa a Afirka zai gane cewa ba ƙaramin abu suka yi ba. Oukazi ta buga Olamfik ɗin duka biyun.

To amma ga inda gizo ke saƙar. A Beijing wasa biyar suka buga, ba su ci ko ɗaya ba. A Landan ma haka. Ni kuma waɗannan wasannin da aka doke su, su na fi kallo, don a nan aikin mai ɗagawa yake fitowa fili.

Idan Aljeriya na karawa da tsararta a Afirka, ƙwallon farko kan iso wa mai ɗagawa daf da raga, a daidai goshinta. A nan tana da zaɓi: ta ba mai duka ta tsakiya gajeriyar ƙwallo mai sauri, ta tura gefen hagu, ko ta jefa bayanta ba tare da ta waiwaya ba. Masu tarewa na ɗaya ɓangaren sai su rasa wadda za su bi. Da aka haɗa su da irin su Brazil da Rasha da Italiya, sai lissafi ya canja tun daga sabis, wato bugun farko da ake tura ƙwallo ɓangaren abokan hamayya. Ƙwallo na zuwa da nauyi, ko kuma tana lilo a iska ba ta juyawa, sai tarba ta kauce, ta tashi can tsakiyar fili ko ta nufi wajen layi. Mai ɗagawa ta bar wurinta da gudu, ta iske ƙwallo a makare, abin da ya rage mata kawai shi ne ta cilla doguwa zuwa gefe. Kowa a zauren ya san inda ƙwallon za ta sauka, har da masu tarewa biyu da suka riga suka tsaya suna jira. Tsayin ragar mata mita 2.24 ne, Rasha kuma a lokacin tana da Ekaterina Gamova mai tsayin mita 2.02. Mai duka ta doki hannu, ƙwallo ta dawo mata, mai kallo ya ce masu dukan Aljeriya ba su da ƙarfi, alhali tun a taɓawar farko aka gama da makin.

Abin da ya burge ni ga Oukazi a irin wannan hali ƙafafunta ne. Yara suna zaton aikin ɗagawa na yatsu ne. Yatsu na zuwa ne a ƙarshe. Ita takan riga ƙwallo isa, ta shiga ƙarƙashinta, ta juya ƙugu da kafaɗa su fuskanci inda za ta tura, sannan hannu ya tashi. Ko tarbar ta lalace, tana ƙoƙarin mayar da ita abin da za a iya duka. Amma gyaran yana da iyaka, kuma iyakar ba a hannunta take ba.

Wasan da ya fi ci mini rai shi ne nasu da Birtaniya mai masaukin baƙi a Landan. Aljeriya ta kai ga tana gaba da turmi biyu da ɗaya, aka rama, aka je turmi na biyar, wanda maki 15 ne maimakon 25, Birtaniya ta cinye bayan sha biyun dare ta gota. Ita ce nasarar farko da matan Birtaniya suka taɓa samu a ƙwallon raga na Olamfik. A ganina gajiya a ƙafa take fara bayyana, kuma mai tarba da ƙafarta ta mutu sai ta riƙa miƙa hannu tana kamo ƙwallo maimakon ta matsa. Daga nan sauran bayani ne.

Wannan ya sa na juya tsarin atisayenmu. Filinmu na siminti ne, da yamma yana huci. Rabin lokaci yanzu a tarba yake tafiya: yarinya ta durƙusa kaɗan, ta haɗa hannaye, gwiwar hannu a miƙe, ni ina jefo mata ƙwallo ta hagu da ta dama, ita kuma dole ta saukar da ita cikin wani da'ira da na zana da alli kusa da raga. Cikin mako na farko damtsensu kan yi jawur, wasu har da ɗigon jini a ƙarƙashin fata. Ba sa so. Wata doguwa a aji biyar ta taɓa tsayawa ta riƙe ƙugu ta ce, "Malam, wai yaushe za mu fara duka? Mu fa duka muka zo koya." Na ce mata, "Ke, wa zai ɗaga miki abin da ba a tarba ba?" Ta yi tsaki a ciki-ciki ta koma layi. Ita ce yanzu ke yi wa ƙananan faɗa in sun miƙe tsaye lokacin sabis.

Akwai kuma abin da bidiyo ba ya nunawa, wato inda irin su Oukazi suke kwana suna tashi tsakanin gasa da gasa. Ta yi wa ƙungiyar GS Pétroliers wasa, ƙungiyar da kamfanin man fetur na gwamnati, Sonatrach, yake ɗauke da nauyinta a lokacin. Abin yana da asali: a 1977 Aljeriya ta yi wa harkar wasanni garambawul, ta rataya manyan ƙungiyoyi a wuyan kamfanonin gwamnati. A 2008 ne sassan wasannin ƙungiyar MC Alger ta babban birnin ƙasar da ba na ƙwallon ƙafa ba suka koma ƙarƙashin sunan GS Pétroliers. Ga kuma garin Bejaya na yankin Kabylie a bakin teku, wanda ƙungiyoyinsa na mata suka daɗe suna ciyar da tawagar ƙasa da 'yan wasa. Mace ba ta kaiwa shekara 28 tana buga Olamfik na biyu sai in akwai zauren da take atisaye kullum, da gasar cikin gida, da abin sakawa a aljihu. Mai ɗagawa musamman ba ta nuna da wuri. Sai ta shekara da shekaru tare da masu dukanta kafin ta san wadda ke son ƙwallo sama da wadda ke son ta a kwance.

Duk da haka tsarin bai hana komawa baya ba. Bayan Landan, Kamaru ce ta wakilci Afirka a Rio a 2016, Kenya kuma ta karɓi Tokyo da Paris. Ra'ayina shi ne an jingina da zubi ɗaya har ya tsufa, na bayansa ba su samu gogewar da za su gaje shi ba.

Wannan ciwon na san shi a ƙaramin mataki. Mai ɗagawata mafi kyau takan nuna ne a aji shida, daidai lokacin da jarrabawar fita ta tsare ta, kuma daga ta bar makaranta babu ƙungiyar da za ta karɓe ta a garinmu. Wannan ya fi ƙarfina. Abin da ke hannuna shi ne na daina jira sai gurbi ya buɗe. Tun daga aji ɗaya nake zaɓar yara biyu masu saurin ƙafa, ba lallai dogaye ba, in sa su bayan babbar suna bin sawunta, kuma a wasannin sada zumunci nakan cire babbar a turmi na biyu in sa ƙaramar, ko da hakan zai sa a ci mu turmin.