Na je Freetown na ga ginin da Edward Jones ya tsayar

Wanda ya sauka a filin jirgin saman Lungi bai isa Freetown, babban birnin Saliyo, ba tukuna, sai ya ƙetare ruwa. Kwale-kwale mai inji muka shiga, igiyar ruwa tana ɗaga mu tana dire mu, wata dattijuwa kusa da ni ta ƙanƙame jakarta tana ta salati har muka kai gaɓa.

Washegari na tari keke napep zuwa Cline Town, can gabashin gari wajen tashar jiragen ruwa. Cunkoso ba a magana: manyan motocin kaya, 'yan talla, ga ƙura. Direban ya ce, "Oga, me za ka gani a wurin? Kango ne fa." Kangon kuwa na zo gani.

Ginin tsohuwar Kwalejin Fourah Bay ke nan, bene na jan dutse, ba rufi, tagogi a wangale, ciyawa ta tsiro a tsagar bango. Wuta ce ta cinye shi a 1999, lokacin yaƙin basasar Saliyo. Na dafa bangon, kaurinsa ya fi kamu ɗaya. Ana cewa katakon rufin daga jiragen fataucin bayi da aka ƙwace aka ciro shi.

Duk wanda na tambaya sunan Samuel Ajayi Crowther yake ambatowa, ɗalibin farko da mishan ɗin CMS ta cocin Ingila ta buɗe makarantar a 1827. To, madalla. Amma mutumin da ya tsaya kan wannan gini har ya tashi, ba wanda ya kira mini sunansa. Fasto Edward Jones baƙar fata ne daga Charleston ta Amurka, garin da ake cinikin bayi a bainar jama'a a zamaninsa. Ya gama Kwalejin Amherst a 1826, baƙar fata na farko da ya yi hakan. Aka naɗa shi limamin coci, ya iso Saliyo a 1831, ya yi koyarwa a ƙauyuka kafin a damƙa masa kwalejin. Har Ingila ya je neman kuɗin gini, Gwamna Fergusson ya aza harsashi a 1845.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne, a zamanin Jones ne wani malami Bajamushe, Koelle, ya riƙa zama da 'yantattun bayi yana rubuta kalmomin harsuna fiye da 100, har da Hausa. Barbarci kuwa a bakin Ali Eisami ya koya, mutumin Borno da aka sayar har ya kai teku. Wato mutanenmu sun taka ƙasar nan, ba da son ransu ba.

Jones bai gama da daɗi ba. Ya sha saɓani da Turawan mishan, ɗalibai suka yi ƙaranci, aka rufe makarantar na ɗan lokaci bayan saukarsa. Ya rasu a Ingila a 1865. Duk da haka daga hannunsa Africanus Horton ya fito, wanda ya zama likitan soja. A ganina an yi wa Jones rowar yabo.

Da azahar na gangara unguwar Fourah Bay, ta Musulmin Aku jikokin Yarabawa, na yi salla, na ci shinkafa da miyar ganyen rogo mai manja da yaji. Kwalejin yanzu tana kan dutsen Aureol, keke ba ya iya hawan, sai da na nemi tasi.